Bin Na Gaba Bin Allah Ne, Amma Wane Na Gaba? Martani Ga Mai Kiran Talakawan Zamfara Su Yi Shiru

Na karanta maƙalar da wani malaminmu, ɗan wannan yanki na Anka, Gummi da Bukkuyum, ya rubuta a kan wajibcin yi wa shugabanni ɗa'a. Ba zan kama sunansa ba, domin da ra'ayinsa nake jayayya, girmansa kuwa yana nan a idona yadda yake. Maganar Malam ta tsaya a kan abubuwa uku. Na farko, ɗa'a ga shugaba wajibi ce ko da azzalumi ne, ko da ƙarfi ya ƙwaci mulkin. Na biyu, nasiha ga mai mulki a asirce kaɗai ake yin ta, duk wanda ya fito fili ya soki gwamnati, a kan mumbari ne ko a rediyo ko a kan titi, ya kama hanyar Khawarijawa. Na uku, bala'in da ya sauko mana sakamakon zunubanmu ne, saboda haka talaka ya gyara tsakaninsa da Ubangijinsa, ya yi haƙuri, ya ci gaba da addu'a. Ya rufe da abin da muka tashi muna ji a bakin iyayenmu, cewa bin na gaba bin Allah ne, kuma zama lafiya ya fi zama ɗan sarki.

Akwai inda ba ni da ja da Malam ko kaɗan. Ɗaukar makami a kan hukuma ƙofar halaka ce, kuma mu 'yan Arewa ba labari aka ba mu ba. Rikicin Maitatsine na watan Disamba 1980 ya ci rayuka sama da 4,000 a Kano. Abin da ya tashi a Maiduguri a 2009 har yau bai kwanta ba. A nan gida ma mun ga abin da ya biyo baya lokacin da wasu 'yan sa-kai suka mayar da kansu 'yan sanda, alƙalai da masu zartar da hukunci a lokaci guda, suna kashe Fulani a kasuwanni ba bincike ba shari'a. Wannan aika-aikar ta ƙara wa wutar da ke ci a dazuzzukanmu itace, har ta kai ga wanda bai ji ba bai gani ba. Ko magabatanmu na Sakkwato ba su yarda a yi wa shugaban Musulmi tawaye da makami ba, shi ya sa Sarkin Musulmi Muhammadu Bello ya yaƙi Abdussalami lokacin da ya ɗaga tuta daga Kware, har Abdussalami ya rasu a Bakura a 1818. Duk wanda zai ce wa matasan Bukkuyum su juya bindiga kan hukuma, ni da Malam sahu ɗaya za mu tsaya mu yi tir da shi.

Inda muka rabu shi ne, Malam ya ɗauki abubuwa uku mabambanta ya ɗaure su da igiya ɗaya: fito-na-fito da makami, ƙin bin umarnin da ya saɓa wa gaskiya, da faɗa wa mai mulki laifinsa. Hujjojin da suka hana na farko ya ɗora su a kan na biyu da na uku. Da haka mai kuka saboda an kashe masa ɗa ya shiga layi ɗaya da ɗan tawaye.

Malam ya kafa hujja da aya ta 59 ta Suratun Nisa'i, wadda ta yi umarni da biyayya ga ma'abota al'amari. Allah ya gafarta Malam, ai akwai aya ta 58 a gabanta, kuma da masu mulki take magana: a mayar da amana ga masu ita, a yi hukunci tsakanin mutane da adalci. Malaman tafsiri sun daɗe da lura da wannan jerin, haƙƙin talakawa a kan shugaba aka fara ambata, sannan haƙƙin shugaba a kan talakawa ya biyo. Ita kanta aya ta 59 ba ta ƙare ba sai da ta nuna inda za a mayar da al'amari idan jayayya ta taso. Da a ce ba a jayayya da mai mulki, da ba a faɗi inda za a kai ta ba.

Aikin magabata ma ya nuna yadda suka fahimci lamarin. Sayyidina Abubakar, a jawabinsa na farko bayan mubaya'a, shi da kansa ya nemi jama'a su miƙe shi idan ya karkace, ya kuma rataya biyayyarsu gare shi a kan biyayyarsa ga Allah da Manzonsa. Sahabi Abu Sa'idul Khudri ya kama rigar Marwanu, gwamnan Madina, a filin idi, a gaban jama'a, saboda yana shirin gabatar da huɗuba kafin salla. Wannan yana cikin ingantattun littattafan hadisi da Malam ke karantarwa. Imamu Malik, wanda mazhabarsa muke bi a ƙasar Hausa, an yi masa bulala a Madina saboda ya ƙi janye fatawarsa cewa abin da aka tilasta wa mutum ba ya ɗaure shi, fatawar da masu mulki suka ga tana taɓa mubaya'ar dole da suka karɓa. Imamu Ahmad ɗan Hambali, wanda masu ra'ayin Malam suka fi jingina da shi, ya hana mutanen Bagadaza ɗaukar makami a kan halifa, wannan gaskiya ne. Amma shi ne kuma ya sha ɗauri da bulala a zamanin Mu'utasim saboda ya ƙi faɗin abin da halifa ke son ya faɗa. Malam ya kawo mana rabin Imamu Ahmad, ya bar ɗaya rabin a cikin littafi.

Ba sai mun je Bagadaza ba ma. Ƙasar Zamfara tana da nata tarihin a kan wannan mas'ala. Shehu Usmanu Ɗanfodiyo ya shafe kusan shekara biyar yana yawon wa'azi a garuruwan Zamfara, a lokacin da ƙasar ke ƙarƙashin ikon Gobir. Wajen 1788 Sarkin Gobir Bawa Jangwarzo ya tara malaman ƙasarsa a Magami ranar babbar salla, ya yi musu kyauta mai tsoka. Shehu ya ƙi karɓar zinariyar, ya nemi a musanya masa ita da buƙatu biyar. Uku sun shafi wa'azi da mutuncin jama'arsa, biyun kuwa na talakawa ne zalla: a saki waɗanda ke tsare a kurkuku, kuma a sassauta wa jama'a haraji. A filin idi aka yi wannan, gaban malamai da fadawa da mayaƙa. Ruwayoyin tarihi sun ambaci cewa cikin waɗanda aka saka har da Abarshi na gidan sarautar Zamfara. Da Shehu ya bi ƙa'idar da Malam ya shimfiɗa mana, da ya karɓi zinariya ya yi wa sarki addu'a ya koma Ɗegel, fursunoni kuma su ci gaba da zama a mari.

Shehu ya fara wa'azi wajen 1774, bai yi hijira zuwa Gudu ba sai a watan Fabrairu 1804. Shekara talatin ke nan yana aiki da harshe da alƙalami, yaƙi kuwa bai zo ba sai bayan da aka afka wa jama'arsa. A littafinsa Kitabul Farƙi ya jera nau'o'in zaluncin sarakunan zamaninsa da sunayensu na Hausa, irin su jangali, kuɗin gari, gaisuwa da kamuwa, ya bar wa duniya ta karanta. Ƙanensa Malam Abdullahi bai tsaya ga sarakunan Gobir ba. Da ya ga son duniya ya fara shiga cikin jama'ar jihadi kanta, sai ya bar runduna a 1807 ya nufi gabas, ya yada zango a Kano, inda ya rubuta Liya'ul Hukkami a kan yadda ya wajaba mai mulki ya kasance. Tun kafin su, a ƙarshen ƙarni na 15, Shehu Magili ya rubuta wa Sarkin Kano Muhammadu Rumfa wajiban da ke kan sarki. Gadon malantar ƙasar nan ke nan: malami ya tsaya tsakanin fada da talaka, ya hana talaka tawaye, ya hana fada zalunci. Wanda ya riƙe ɗaya ya saki ɗaya bai cika gadon ba.

Akwai kuma tambayar da maƙalar Malam ta tsallake: shin talakawan wannan yanki sun taɓa ƙin yin ɗa'a ne? A 2019 gwamnatin Bello Matawalle ta ce a yi sulhu da 'yan bindiga, a ajiye makaman sa-kai, a zauna kasuwa ɗaya da waɗanda suka kashe 'yan'uwanmu. Aka ce to. A watan Satumba 2021 aka rufe layukan waya a faɗin jihar, aka rufe kasuwannin mako-mako, aka hana sayar da fetur a jarka, aka hana safarar dabbobi. Manomi ya rasa inda zai kai hatsinsa, marar lafiya ya rasa yadda zai kira ɗansa da ke birni, duk da haka aka bi, domin an ce maganin ɓarayin daji ke nan. Wata huɗu bayan haka, daga 4 zuwa 6 ga Janairu 2022, 'yan bindiga suka bi ƙauyukan Anka da Bukkuyum suna kisa suna ƙone gidaje. Gwamnati ta ce mutum 58 aka kashe, mutanen da suka yi jana'iza suka ce adadin ya kai wajen 200. A watan Satumba na shekarar aka kwashe masallata a masallacin Juma'a na Zugu, aka kuma buɗe wa masallata wuta a Ruwan Jema. Ko masallacin da ake cewa talaka ya koma ya yi addu'a bai tsira ba.

A watan Yuni 2022 gwamnatin jihar ta fito ta ce jama'a su nemi lasisin bindiga su kare kansu, har ta ce za ta raba takardun nema ga masarautu 19. Babban hafsan tsaron ƙasa na lokacin, Janar Lucky Irabor, ya ce gwamna ba shi da wannan hurumin. To mutumin Gwashi ko Adabka wanne zai bi? Dukansu na gaba ne. Wanda ya ce ajiye makami jiya shi ya ce ɗauki makami yau, na sama da shi kuma ya ce kul. Tun a 2018 Gwamna Abdul'aziz Yari ya faɗa da bakinsa cewa ya sauke wa kansa muƙamin babban jami'in tsaron jiha, domin ba shi da iko da jami'an tsaro. Shugaba ya fito fili ya ce ya kasa, talaka kuwa an hana shi fitowa fili ya ce an kasa masa.

A nan ne ƙa'idar Malam ta fi ba ni tsoro. Ya ce ana bin duk wanda ya rinjaya da ƙarfi, ba a duba yadda ya samu ikon ko yadda yake tafiyar da shi. Malam ya san kamar yadda na sani cewa akwai ƙauyuka a yankin nan da ba gwamna ke iko da su ba, ba sarki ba, ba shugaban ƙaramar hukuma ba. Ɗan bindiga ne ke yanka wa gari kuɗin da zai biya kafin ya yi shuka, ya sake yanka wani kafin girbi, ya kira magidanta su yi masa noma a gonarsa, ya yanke hukunci tsakanin masu rikici. Idan ƙarfi kaɗai ne ma'aunin wanda ake bi, to da wace hujja za mu ce wa mutanen waɗannan ƙauyuka wannan ba na gabansu ba ne? Na tabbata Malam ba zai taɓa yarda da haka ba. Dalilin da zai bayar kuwa shi ne dalilina: malaman fiƙihu da suka yi haƙuri da mai ƙwatar mulki sun yi ne domin yana tsare hanyoyi, yana kare iyaka, yana hana mai ƙarfi cin marar ƙarfi. Tsaron rai da dukiya shi ne abin da ya raba sarki da ɗan fashi. Saboda haka mai tuna wa hukuma wannan aikin yana ƙarfafa ta ne, yana riƙe mata abin da ya sa ta cancanci a bi ta.

Kuma mulkin da muke ciki yau bisa sharaɗi aka gina shi, a rubuce. Tsarin mulkin 1999 ya sanya tsaro da walwalar jama'a su zama babban dalilin kafa gwamnati a sashe na 14, ya ba ɗan ƙasa damar faɗin ra'ayinsa a sashe na 39, da damar taruwa cikin lumana a sashe na 40. Kowane gwamnan Zamfara, daga Ahmad Sani Yariman Bakura zuwa Dauda Lawal, ya ɗora hannu a kan Alƙur'ani ya rantse zai kiyaye wannan kundin. Shi ya zo ƙauyukanmu da kansa ya roƙi ƙuri'a, ya ɗauki alkawari a bainar jama'a. Mai tambayar alkawarin da aka yi masa a fili bai fita daga ɗa'a ba, yana aiki ne da dokar da shugaban ya rantse a kanta. Musulmi kuwa ana kama shi da sharaɗin da ya ɗaukar wa kansa.

Batun nasiha a asirce, ban musanta falalarta ba. Laifin da ya shafi mutum shi kaɗai, ko kuskuren da za a iya gyarawa da kalma biyu a cikin ɗaki, asiri ya fi dacewa da shi. Amma nasihar asiri tana buƙatar ƙofa a buɗe. Malam yana iya samun iso a gidan gwamnati a Gusau. Matar da aka kashe wa miji a Kurfar Danya ta wace ƙofa za ta shiga? Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo, amma idan aka ce ba zai faɗa ba sai a kunnen wanda ba zai taɓa gani ba, an rufe masa baki ke nan da sunan ladabi.

Mun ga amfanin ɗaga murya da idonmu. A 2010 gubar dalma daga aikin haƙar zinariya ta kashe yara aƙalla 400 a ƙauyukan Anka da Bukkuyum, irin su Dareta, Abare, 'Yargalma da Tungar Guru. An share gubar a wasu ƙauyuka, aka bar Bagega. Likitocin ƙungiyar MSF suka ce ba amfanin ba yaro magani ya koma wasa a cikin ƙasar da ta sa masa cutar, sai an kwashe gurɓatacciyar ƙasar tukuna. Gwamnatin tarayya ta yi alkawarin kuɗin aikin a 2012, kuɗi suka maƙale, yara suna jira. Sai da matasa da ƙungiyoyi da 'yan jarida suka cika duniya da sunan Bagega, sannan aka saki kuɗin a farkon 2013, aka share garin, aka fara yi wa yara magani. Ba wanda ya ɗauki ko sanda. Akwai samari da 'yan mata a Bagega yau da suke raye, da ikon Allah, ta sanadin mutanen da suka ƙi yin shiru. Da wane suna Malam zai kira waɗannan mutane?

Shiru kuma yana da nasa farashin, mun biya shi. Rikicin ɓarayin dajin nan bai faro da bindiga ba. Ya faro da burtalin da aka nome, da makiyayar da aka raba wa masu hannu da shuni, da makiyayin da aka tatsa a gaban alƙali da ofishin 'yan sanda, da manomin da aka cinye wa gona bai samu mai share masa hawaye ba. Kowa ya sani, aka yi gum. Kwamitin da tsohon Sufeto Janar na 'yan sanda M.D. Abubakar ya jagoranta ya miƙa rahotonsa a 2019, ya ƙirga mutum sama da 6,000 da aka kashe daga 2011, da marayu sama da 25,000, ya kuma nuna yatsa ga wasu sarakuna da hakimai. Gwamnati da kanta ta tuɓe Sarkin Maru a 2019, ta tuɓe na Zurmi da na Ɗansadau a 2022, bisa zargin alaƙa da 'yan bindiga. Kafin a kai ga haka, talakawan da suka yi ƙorafi a kan irin waɗannan masu riƙe da sarauta ana yi musu kallon marasa kunya. Fitinar da Malam ke gudu, rashin mai faɗa da rashin mai saurare ne suka haife ta.

Sai magana ta uku, cewa zunubanmu ne. Babu Musulmin da zai ce shi ba mai laifi ba ne, kuma tuba wajibi ce a kan kowa a kowane hali. Abin da ba zan yarda da shi ba shi ne a mayar da wannan gaskiyar garkuwar masu mulki. A 2017, lokacin da sanƙarau ke kashe mutane kuma Zamfara ce ta fi jin jiki, gwamnan lokacin ya ce azabar Allah ce saboda alfashar jama'a. Sarkin Kano na lokacin, Muhammadu Sanusi II, ya mayar masa da martani a bainar jama'a cewa a nemo allurar rigakafi. Yaran da dalma ta kashe a 'Yargalma, yawancinsu ba su kai shekara biyar ba, wane zunubi suka yi? Idan zunubi ne ya jawo bala'i, cin amanar dukiyar jama'a da sakaci da rayukansu ba su cikin zunubai? Me ya sa huɗubar tuba take sauka a kan mai garma kullum, ta tsallake mai riƙe da baitulmali?

Wannan tambayar ta fi nauyi a Zamfara fiye da ko'ina. A Gusau aka yi shelar Shari'a ranar 27 ga Oktoba 1999, ta fara aiki a Janairu 2000, aka kafa ma'aikatar harkokin addini, da hukumar Hisba, da hukumar zakka, da majalisar malamai. Talakawa suka yi tururuwa suna kabbara, domin sun ji cewa Shari'a ba ta san babba ba ta san yaro ba. A watan Maris 2000 aka yanke hannun wani mutumin Jangebe saboda satar saniya. Daga ranar zuwa yau ba mu ji an tsayar da wani babban mai riƙe da muƙami gaban wannan haddin ba. Gwamnatin da ta ɗaga tutar Shari'a ta ba malamai ma'aunin da za su auna ta da shi. Idan malamai suka ajiye ma'aunin, suka riƙe ayar ɗa'a kaɗai, matasa za su ɗauka addini kayan aikin masu mulki ne, wannan kuwa ɓarna ce da ta fi kowace zanga-zanga illa ga Musulunci.

Maƙwabtanmu Kirista sun sha irin wannan muhawarar, kuma akwai darasi a cikinta. Su ma suna da nassin biyayya ga mahukunta, a babi na 13 na wasiƙar Bulus zuwa ga Romawa. Da shi wasu limaman coci a Jamus suka halatta wa kansu bin Hitila, yayin da wasu suka fitar da sanarwar Barmen a 1934 suka ce hukuma ba ta da iko a kan imanin coci. A Afirka ta Kudu masu mulkin wariyar launin fata sun jingina da nassin nan, har a 1985 wasu malaman coci suka fitar da takardar Kairos suna ƙaryata wannan fassarar, irin su Desmond Tutu kuma suka tsaya a fili ba tare da makami ba. A yau ba wanda ke alfahari da limaman da suka yi shiru. A ƙasar nan ma, ranar 1 ga Maris 2020, bishop-bishop na cocin Katolika sun yi tattaki a Abuja sanye da baƙaƙen kaya saboda kashe-kashe, suka watse lafiya. Addinin da ya sanya faɗin gaskiya gaban azzalumin sarki cikin mafi girman jihadi bai kamata a riga shi zuwa wannan fagen ba.

Alhamdu lillahi, ba a rasa masu yi a cikinmu ba. Mai alfarma Sarkin Musulmi Muhammadu Sa'ad Abubakar ya faɗa a taro a watan Nuwamba 2020 cewa Arewa ta zama wuri mafi munin zama a ƙasar nan saboda 'yan bindiga. A watan Afrilu 2022 Sheikh Nuru Khalid ya rasa limancin masallacin Apo a Abuja saboda huɗubar da ya yi a kan rashin tsaro bayan harin jirgin ƙasan Abuja zuwa Kaduna. A watan Afrilu 2019 'yar jarida Kadaria Ahmed da wasu 'yan jihar sun yi tattaki a Abuja saboda jinin da ke zuba a Zamfara. Waɗannan ba Khawarijawa ba ne, ba su kafirta kowa ba, ba su halatta jinin kowa ba. Jifan mai kuka da wannan sunan babban al'amari ne, ya kamata mai ilimi ya ji tsoron Allah kafin ya furta shi.

Na san abin da ke zuciyar Malam shi ne zanga-zangar tsadar rayuwa ta watan Agusta 2024, da yadda ta rikiɗe ta zama fashe-fashe da wawaso a Kano da wasu garuruwa, aka rasa rayuka. Wannan tsoron yana kan hanya, kuma malamin da ya duba hali ya ce fita titi a wannan rana ɓarnarta ta fi amfaninta, ijtihadinsa abin saurare ne. Sai dai wannan hukunci ne na auna maslaha da ɓarna, yana sauyawa da wuri da lokaci. Bai zama aƙida da za a fitar da mai saɓa mata daga Sunna ba. Kuma wanda ya hau mumbari ya hana yara fita, wajibi ne ya sake hawa lokacin da aka gurfanar da ƙananan yara gaban kotu a Abuja a watan Nuwamba 2024, wasunsu suna faɗuwa saboda galabaita. Waɗannan yaran ma sai da jama'a suka yi ca sannan aka ba da umarnin sakin su.

Abin da nake kira gare shi a fili yake. Mu bi doka, mu girmama sarakunanmu na Anka, Gummi da Bukkuyum, mu taimaki sojoji da 'yan sanda da askarawa da bayanai da addu'a, kada kowa ya ɗauki hukunci a hannunsa, Bahaushe ne ko Bafulatani. A tare da haka, limamai su ambaci garuruwan da aka kai wa hari a huɗubarsu, su tambayi inda aka kwana a kan alkawuran tsaro. Majalisar malamai ta riƙa kai kukan ƙauyuka gaban gwamna, idan ta faɗa a asirce ba a ji ba, ta faɗa a fili cikin ladabi da hujja. Malamin da ke karɓar kujerar Hajji ko mota daga hannun mai mulki ya tuna da Shehu a Magami, ya auna ko kyautar za ta bar masa harshensa. Talaka kuma ya riƙe ƙuri'arsa da daraja, domin ita ce hanyar sauke shugaba ba tare da zubar da jini ba.

Allah ya gafarta Malam, alƙalaminka yana da masu saurare, kuma ka yi amfani da shi ka tuna wa talakawa haƙƙin shugabanni. Saura rabin aikin. Muna jiran maƙala ta biyu daga gare ka, wadda za ta tuna wa shugabanni haƙƙin marayun Anka da Bukkuyum, da irin hujjojin da ka iya kawowa da irin ƙarfin da ka yi ta farko da shi. Ranar da ka rubuta ta, ni ne farkon wanda zai ɗauke ta ya karanta wa jama'a. Allah ya ba shugabanninmu ikon yin adalci, ya ba malamanmu ƙarfin faɗin gaskiya, ya dawo mana da zaman lafiya a Zamfara da Nijeriya baki ɗaya.